Alhaji Abdulƙadir Balarabe Musa (1936–2020)

Alhaji Abdulƙadir Balarabe Musa ɗan siyasa ne, akanta kuma manomi, wanda ya zama gwamnan farar hula na farko a tsohuwar Jihar Kaduna daga 1 ga Oktoba 1979 zuwa 23 ga Yuni 1981. A zamaninsa jihar ta haɗa har da ƙasar Katsina da Daura, domin sai a 1987 aka ƙirƙiro Jihar Katsina. Shi ne gwamna na farko da majalisar dokoki ta tsige a tarihin Nijeriya.

Asali da karatu

An haife shi ranar 21 ga Agusta 1936 a Kaya, wani garin manoma da ke Ƙaramar Hukumar Giwa a ƙasar Zazzau. Ya shiga makarantar Midil ta Zariya a 1947, ya gama a 1952, sannan ya wuce Cibiyar Koyon Aikin Mulki ta Zariya. Ya taɓa aikin malanta da na akawu kafin ya zauna a fagen lissafin kuɗi, inda ya daɗe yana aiki. Tun yana matashi ya shiga NEPU, jam'iyyar da ta ce talaka ma yana da baki a sha'anin mulki. Da sojoji suka ɗage takunkumin siyasa a 1978, sai ya bi Malam Aminu Kano zuwa jam'iyyar PRP.

Soke haraji da jangali

A zaɓen 1979 ya kayar da Alhaji Lawal Kaita na jam'iyyar NPN. Yana hawa mulki ya soke haraji da jangali, kamar yadda takwaransa Abubakar Rimi ya yi a Kano. Sai wanda ya san ƙauyen wancan zamani zai gane girman wannan mataki. Haraji kuɗi ne da ake yanka wa kowane baligi, ko damina ta yi albarka ko ta yi gardama, a karɓa ta hannun mai unguwa zuwa dagaci, daga nan zuwa hakimi. Jangali kuwa bisa kan kowace saniya ake biyansa. Magidanci kan sayar da hatsin da ke rumbunsa ko akuyar matarsa don ya biya, wani ya bar gari ya tafi cirani, makiyayi kuma ya ɓoye garkensa a daji. Wulaƙancin da ke tattare da karɓar kuɗin ya fi kuɗin ciwo, kuma a kan wannan ne 'yan NEPU da yawa suka sha duka da ɗauri.

Gwamnatinsa ta kafa hukumar binciken filaye, domin sauraron manoman da aka ƙwace wa gonaki. Ta kuma ɗauko tsarin kai masana'antu kusa da gona, irin su kamfanin sarrafa tumatir na Ikara da na citta a Kachia, don manomi ya sami mai sayen amfaninsa a kusa da gida. Masanin tarihi Dakta Yusufu Bala Usman ne ya riƙe muƙamin sakataren gwamnati.

Takaddama da majalisa

PRP ta ci kujerar gwamna, amma NPN ce ke da babban rinjaye a majalisar dokoki, wadda Mamman Abubakar Ɗanmusa ke shugabanta. Sau da dama gwamna ya aika da sunayen kwamishinoni, majalisa ta ƙi amincewa. Shi kuma ya ƙi raba muƙamai da NPN, domin a ganinsa hakan cin amanar waɗanda suka zaɓe shi ne. Haka ya yi mulkinsa gaba ɗaya ba kwamishina ko ɗaya.

Cikin gida ma wuta ta kama. Zaman da shi da Rimi ke yi da gwamnonin jam'iyyun UPN da GNPP ya raba PRP gida biyu: 'yan taɓo da suka tsaya tare da Malam Aminu, da 'yan santsi da suka bi gwamnonin biyu. A wannan hali majalisa ta tuhume shi da karya ƙa'idojin mulki, ta tsige shi ranar 23 ga Yuni 1981. Ya kai ƙara, amma kotu ta ce tsarin mulkin 1979 ya hana ta tsoma baki a batun tsigewa. Mataimakinsa Abba Musa Rimi ya gaje shi.

Bayan mulki

Ya koma gonarsa, bai kuwa saki siyasa ba. Ya yi wa PRP takarar shugaban ƙasa a 2003, ya jagoranci gamayyar jam'iyyu ta CNPP, ya kuma riƙe shugabancin PRP har 2018. Wasu na ganin da ya sassauta wa majalisa da talakawa sun fi morarsa, wasu kuma suna ganin wannan tsayuwar ita ce darajarsa. Allah ya yi masa rasuwa a Kaduna ranar 11 ga Nuwamba 2020, yana da shekara 84.

Mulkinsa bai kai shekara biyu ba, amma a cikinsa ya sauke wa manomi da makiyayi kayan da suka ɗauka tun zamanin kakanni. Allah ya jiƙansa.