Dabbobin Ƙauyen Masar a Majigin Farko Marar Sauti

A watan Nuwamba na 1896 aka fara nuna majigi a Iskandariyya, da na'urar 'yan'uwan nan biyu na Faransa, Auguste da Louis Lumière. A 1897 suka aika ma'aikacinsu Alexandre Promio ya ɗauko musu hotunan Masar. Kowane fim nasa bai cika minti ɗaya ba, kuma babu sauti. Cikin abin da ya ɗauka akwai raƙuma suna sauka daga gadar Kasrun Nil a Alƙahira, da mahaya jakuna a ƙauyen Sakkara. A 1912 ma kamfanin Kalem na Amurka ya yi zango a Luksor, ya ɗauki gajerun finafinai na rayuwar bakin Nilu.

Ba kiwo ne ya kawo waɗannan baƙi ba. Dala da kogi suka zo nema domin 'yan kallo na Turai da Amurka. Sai dai a ƙauyen Masar da wuya a kafa na'ura dabba ba ta shigo ba, domin ita ce ƙarfin manomi. Saniya ko ɓaunar gida, wadda suke kira jamusa, ita ke juya saƙiya, wato keken jawo ruwa zuwa gona, an rufe mata ido don kada jiri ya ɗebe ta. Ita ke jan garma, ita ke jan nurag a masussuka. Jaki kuma ya ɗauko mata barsim, ɗanyar ciyawar da ake shukawa da sanyi. Duk wannan a fili ake yi, inda hasken rana ke isar na'urar zamanin.

Abin da ake yi a cikin gida kuwa bai samu wannan gata ba. Manomi kan kwana da dabbarsa a gida ɗaya, kuma tatsa da renon maraƙi galibi aikin mata ne, inda babu haske, baƙo kuma ba ya shiga. Kukan saƙiya da kiran makiyayi ma ba su shiga ba.

Sai a 1923 Muhammad Bayumi ya fara majigin labarai na 'yan ƙasa mai suna Amon, a 1932 kuma Masar ta fitar da fim ɗinta na farko mai magana. Da yawa daga finafinan wancan zamani sun salwanta, domin zaren naitiret da aka ɗauke su a kai yana ruɓewa, yana kuma kama wuta nan take.