Tokaido Yotsuya Kaidan (fim na 1959)

Tokaido Yotsuya Kaidan fim ne mai ban tsoro na ƙasar Japan wanda kamfanin Shintoho ya fitar a shekarar 1959. Nobuo Nakagawa ne ya ba da umarni. An ɗauko labarin daga wasan kwaikwayon gargajiya na kabuki da Tsuruya Nanboku na Huɗu ya rubuta, aka fara nuna shi a birnin Edo, wato Tokyo ta yanzu, a shekarar 1825. Kalmar kaidan a Japananci na nufin labarin fatalwa, Yotsuya kuma sunan wata unguwa ne a birnin.

Labarin fim

Iemon Tamiya samurai ne marar ubangida. Ya nemi auren Oiwa, mahaifinta ya hana shi, sai ya kashe tsohon. Naosuke, wanda ya ga kisan, ya taya shi ɗora laifin a kan wani. Oiwa ta auri Iemon bisa alƙawarin zai ɗaukar mata fansa.

A Edo talauci ya dame su, kuma ga jariri. Da Iemon ya sami damar auren Ume, 'yar wani mai hali, sai ya ba Oiwa guba a matsayin magani. Fuskarta ta lalace, gashinta ya riƙa zubewa tana tajewa, har ta mutu tana tsine masa. Ya kashe Takuetsu mai tausa, wanda ya tura mata don a yi mata ƙazafin zina, aka kafe gawarwakin biyu a jikin ƙyaure aka jefa ruwa. A daren angonci fatalwar Oiwa ta bayyana, Iemon ya kai mata sara, ashe amaryarsa ya kashe. Daga ƙarshe Osode, ƙanwar Oiwa, da saurayinta Yomoshichi suka ɗauki fansa.

'Yan wasa da salo

Shigeru Amachi ne ya fito a matsayin Iemon, Katsuko Wakasugi kuma Oiwa. Fim ɗin mai launi ne, kuma bai ɓoye asalinsa na dandamali ba: ƙyauren nan da ke juyawa ya nuna gawa ɗaya bayan ɗaya tsohuwar dabarar kabuki ce da ake kira toitagaeshi. An sha mayar da labarin fim, har kamfanin Daiei ma ya fitar da nasa a 1959, amma masu sharhi da dama sun fi fifita na Nakagawa.

Akwai al'adar cewa masu shirin wasa ko fim a kan Oiwa sukan fara ziyartar kabarinta a haikalin Myogyoji da ke Tokyo, don gudun fushinta.