Aziza Amir da Farkon Fim a Masar

Masar tana cikin ƙasashen Afirka da suka fara sana'ar fim, kuma mace ce a sahun gaban waɗanda suka kafa ta. Sunanta na yanka Mufida Muhammad Gunaim, amma da Aziza Amir aka san ta. An haife ta a 1901. Ta fara wasan kwaikwayo na daɓe a Alƙahira a 1925, cikin ƙungiyar Ramsis ta Yusuf Wahbi.

A wancan zamani, yawancin finafinan da ake kallo a Alƙahira daga Turai da Amurka ake kawo su. Ga 'yar wasa kuwa, ba ta da ta cewa a labari ko kuɗi, sai abin da mai ƙungiya ya ba ta. Aziza ba ta tsaya jiran a kira ta ba. Ta kafa kamfaninta mai suna Isis, ta ɗauko wani Baturke, Wedad Orfi, don ya ba da umarni. Ana cikin aiki suka saɓa, sai ta rabu da shi, Stephan Rosti ya ƙarasa. A nan ya kamata ɗalibi ya lura da bambancin kalmomi biyu da ake yawan cakuɗawa: darakta shi ne mai ba da umarni, furodusa kuma shi ne mai ɗaukar nauyi. Da Aziza 'yar wasa ce kawai, ita za a sallama.

An fara nuna fim ɗin, Laila, a gidan silima na Metropole ranar 16 ga Nuwamba, 1927. Ba shi da murya. Labarin wata 'yar ƙauye ce da saurayinta ya yaudara, ya bi wata baƙuwa 'yar yawon buɗe ido, ya bar ta da ciki da tsangwamar gari. Aziza ce ta fito a matsayin Laila. Masana da dama suna ɗaukarsa dogon fim na farko na Misirawa, ko da yake wasu suna gabatar da na Ibrahim da Badar Lama. A ganina wannan gardama ba ta kai muhimmancin wani abu ba: sai a 1935 attajirin nan Tal'at Harb ya buɗe Studio Misr, shekara takwas bayan Laila. Kafin manyan masu jari su shigo, mata irin su Aziza, Asiya Dagir da Bahija Hafiz sun riga sun sa dukiyarsu.

Daga baya ta ƙara karkata ga rubutu. A 1933 ita ta ba da umarnin Kaffiri an Khati'atik. A 1948, shekarar da aka yi yaƙin Falasɗinu, ta rubuta Fatat min Filastin, wato Yarinya daga Falasɗinu, mijinta Mahmud Zulfiƙar ya ba da umarni. Ta rasu a Fabrairun 1952, watanni kaɗan kafin sojoji su tumɓuke Sarki Faruk.