Tarihin Tumatir a Tukunyar Kaduna

Asalin tumatir yammacin Kudancin Amurka ne. Turawan Sifaniya suka kai shi Turai a ƙarni na 16, daga baya ya iso ƙasar Hausa, inda kuka, kuɓewa da daddawa ke riƙe da tukunyar miya. Noman rani a fadamu ya wadata kasuwanni da shi, har miyar dage-dage ta zama abokiyar shinkafa a unguwannin Kaduna irin su Badarawa.

A 2016 tsutsar Tuta absoluta ta cinye gonakin tumatir, farashi ya yi tashin gwauron zabo, gwamnatin Jihar Kaduna ta ayyana dokar ta-ɓaci kan noman tumatir.

Yau wasu masu girkin zamani kan ƙwaƙule cikin tumatir, su cusa burokoli da cuku, su gasa. Amma har yanzu miya ce babban amfaninsa.