Rahama Sadau: Korar da ta Zama Gobarar Titi

Tun kafin a san wani abu wai shi Kannywood, Kaduna ta san wasan kwaikwayo. Gidan Rediyo da Talabijin na Kaduna, wanda aka buɗe a 1962 zamanin Sardauna, shi ya raini su Usman Baba Pategi, wato Samanja Mazan Fama, da Kasimu Yero na Karambana. A wannan gari aka haifi Rahama Sadau ranar 7 ga Disamba, 1993, a nan kuma ta tashi.

A 2013 ta shiga harkar fim ta hannun Ali Nuhu, ta fito a Gani Ga Wane. Ba ta jima ba ta yi fice. Ga iya rawa, ga bakin Indiyanci kamar a can aka yanke mata cibi. Wanda ya san yadda Bahaushe ya ɗauki fim ɗin Indiya tun zamanin silima, ya san wannan ba ƙaramin jari ba ne.

Sai ga Oktoban 2016. Ta fito a bidiyon wata waƙar soyayya ta mawaƙi ClassiQ, aka ga sun riƙe hannu, sun ɗan rungumi juna. Nan take gari ya ɗauka. Ƙungiyar masu shirya finafinai ta MOPPAN ta sanar da korarta daga masana'antar, bisa hujjar cewa ta karya dokar da ta hana namiji da mace taɓa juna a fim. Ta fito ta ba da haƙuri, amma bakin alƙalami ya riga ya bushe.

Masu korar sun ɗauka sun rufe mata ƙofa. Ashe tallata ta suka yi. Jaridun ƙasashen waje suka ɗauki labarin, mawaƙi Akon ya gayyace ta Amurka, masu fim na Kudu suka yi ta rububinta. Ta fito a Sons of the Caliphate, da MTV Shuga, da Up North a 2018. Abin dariyar ma, tana cikin takunkumin ta shirya Rariya a 2017 ƙarƙashin kamfaninta, Sadau Pictures, fim ɗin Hausa zalla a kan rayuwar 'yan matan jami'a, da Ali Nuhu a ciki. A farkon 2018 aka sanar da yi mata afuwa.

Ƙura ta sake tashi a Nuwamban 2020 kan wasu hotuna da ta sa a intanet, ta sake neman gafara cikin hawaye. A ganina, ba wata 'yar fim ɗin Hausa da ta sha suka kamarta, ba kuma wadda ta kai inda ta kai.

A 2022, yarinyar da ta koyi Indiyanci a gaban talabijin a Kaduna ta fito a fim ɗin Indiya na gaske, Khuda Haafiz kashi na biyu, tare da Vidyut Jammwal.