Hoton Rawa a Matsayin Shaidar Tarihin Hausawan Sinja

Tarihin Hausawan Sudan da ke rubuce, galibinsa na sarauta ne da hijira: rasuwar Sarkin Musulmi Attahiru a Burmi a 1903, da yadda ɗansa Muhammadu Bello ya ja jama'a gabas har suka kafa Mai Wurno a bakin Shuɗin Nilu, tsakanin Sennar da Sinja. Sai noman audugar Gezira bayan kammala madatsar Sennar a 1925, wanda ya zaunar da maniyyata da yawa. Rawar biki da ta matasa kuwa, alƙalamin malamai bai kula da su ba, domin ba a ɗauke su ilimi ba. Abin da ya rage mana shi ne hoto.

Za a ce hoto ba ya riƙe motsi, ba ya riƙe kiɗa. Haka ne. Amma yana nuna irin gangar da aka buga, da suturar 'yan rawa, da ko maza da mata fage ɗaya suka shiga. A jera hotunan ƙauye guda na shekaru arba'in, za a ga lokacin da jallabiya ta ture babbar riga.

Sharaɗin shi ne bayani. Makarantun da ke koyar da wasanni, irin Kwalejin Kiɗa da Wasan Kwaikwayo ta Khartoum da ta samo asali a 1969, ko sashen wasan kwaikwayo na Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, suna da rajistar ɗalibai da za a gwada hoto da ita a gane shekara. Ƙauye ba shi da rajista sai tsofaffinsa. Hoton da ba a kai wa tsohuwa ta faɗi bikin wane ne, wace shekara, wane makaɗi ba, ado ne kawai.

Lokaci kuma ya ƙure. Dakarun RSF, a yaƙinsu da sojojin Sudan, sun kama Sinja a Yunin 2024, sojoji suka karɓe ta a Nuwamba; mai gudun ceton rai ba ya tsayawa ɗaukar kundin hotuna. Shirin Sudan Memory ya nuna ana iya kwafe irin waɗannan kayan a kwamfuta. Ya kamata Jami'ar Sennar da Jami'ar Bayero ta Kano su haɗa hannu su bi gida-gida, su kwafi hotunan, su rubuta bayanin masu su, kowace ta ajiye kwafi.