Yadda ƙwallo ta samu gindin zama a ƙauyukan Gwarzo da Kabo

Duk wanda ya bi hanyar Kano zuwa Gwarzo bayan La'asar a lokacin rani, da wuya ya wuce gari bai hango ƙura tana tashi a filin firamare ba. Samari ne ke atisaye, wani da takalmin ƙwallo, wani da na roba, turakun raga kuwa itatuwa biyu ne aka kafa aka gitta na uku a sama. Daga Garo da Gude da Godiya a ƙasar Kabo, har Getso da Lakwaya da Kutama a ƙasar Gwarzo, haka abin yake. Kulob-kulob ne na gari, ba sa cikin gasar ƙasa, ba a jin sunansu a rediyo, amma mutanen garinsu sun san kowane ɗan wasa har gidan ubansa.

Kakannin waɗannan samari kokawa suka sani, da dambe idan an gama kaka, da langa a dandali lokacin farin wata. Ƙwallo Turawa ne suka kawo ta ta bakin teku, sannan ta biyo layin dogo, wanda ya iso Kano a 1911. Ta daɗe a hannun ma'aikatan reluwe da na kamfanoni da 'yan makarantar boko. A 1953 ƙungiyar Kano ta ci Kofin Gwamna, wanda aka fara a 1945, kuma ita ce ta farko da ta fitar da shi daga Legas. Sai dai wannan murna ta birni ce, manomin Kutama bai san an yi ba.

Abin da ya buɗe wa ƙwallo ƙofar ƙauye shi ne makaranta. Da gwamnatin Obasanjo ta ƙaddamar da shirin ilimin firamare kyauta na UPE a 1976, sai aka yi ta gina azuzuwa a garuruwan da ba su da su, kuma kusan kowace makaranta sai an bar mata fili a gaba. Malaman da aka turo daga kwalejojin horon malamai sun buga ƙwallo a can, su suka auna fili da taku, suka koya wa yara abin da ake nufi da satar gida da bugun kusurwa. Yaran da suka saba dunƙula tsumma su ɗaure da zare su yi tamaula a lungu, sai ga su da alƙalin wasa da usur. A ganina, duk wanda zai ba da tarihin kulob ɗin garinsu bai ambaci waɗannan malamai ba, ya tauye musu haƙƙi.

A daidai lokacin kuma rediyo tana hura wutar. Raccah Rovers ta Kano ta zama zakarar ƙasa a 1978, a 1980 Najeriya ta lallasa Aljeriya da ci 3 da nema a Legas ta ɗauki Kofin Afirka. 'Yan ci-rani da ke dawowa gida gab da damina suna zuwa da labarin wasannin da suka gani da ido, wani ma da ƙwallon fata a jaka, ko rigunan gwanjo masu launi ɗaya da ya tsinto a Ƙofar Wambai.

Daga nan kulob ke haihuwa, kuma hanyar kusan ɗaya ce ko'ina. Waɗanda suka gama firamare ba su da inda za su ci gaba da bugawa, sai su haɗa kai su yi karo-karo su sayi ƙwallo, a damƙa wa kyaftin ajiyarta. A nemi wani ɗan gari mai rufin asiri, ɗan kasuwa ko ma'aikaci a birni, a naɗa shi uban ƙungiya. A aika wa maƙwabta takardar neman wasan sada zumunta, ranar tafiya a yi shatar mota, 'yan wasa da magoya baya a cunkushe. Gona ce ke tsara lokaci: da damina ta kankama fili sai ya koma na ciyawa da awaki, sai an shigar da dawa da gero rumbu a dawo. Wasan da ya fi tara jama'a shi ne na bikin Sallah, lokacin da 'yan gari na nesa suka zo gida.

Kafa Kano Pillars a 1990, da aka haɗe ƙungiyoyin WRECA da Golden Stars da Bank of the North, ya ba samarin karkara abin koyi na gida. Sai Masu Gida, kamar yadda ake wa Pillars kirari, sun ci gasar ƙasa a 2008, suka kuma jera uku daga 2012 zuwa 2014. Kafin nan gidajen kallo masu janareto sun shigo, aka rabu tsakanin Arsenal ta Kanu da Chelsea ta Mikel. An ƙaru da dabarun wasa, amma 'yan kallon filin gari sun ragu a ranakun Asabar da Lahadi. Siyasar da ta dawo a 1999 ita ma ta kawo kofunan ciyaman da na kansila, masu zuwa da jesi da kuɗi gab da zaɓe, su yi ɓatan dabo bayansa.

Tsanin hawa zuwa manyan gasanni kuwa yana da tsawo. A sama akwai gasar Firimiya ta NPFL, sai NNL, sai NLO, sai gasar jiha, kuma kuɗin rajista da na mota kaɗai sun isa su tsayar da kulob ɗin ƙauye a ƙasan duka. Duk da haka yana raye, don ba albashi ke riƙe da shi ba. Abin da ke iya kashe shi shi ne rasa fili, idan aka yanka shi fuloti ko aka jera shaguna a gefensa. Muna kira ga ƙananan hukumomin Gwarzo da Kabo da dagatai su shata filayen nan su tsare su. Ku kuma sakatarorin kulob, ku sayi littafi ku zauna da dattawan da suka fara buga wa garinku, ku rubuta sunayensu da shekarun da suka yi wasa tun suna raye.